Mario Uku a Kan Na'ura Ɗaya

Idan ka sake samun damar kunna Super Mario Bros. na farko, kafin ka danna komai ka ɗaga ido ka dubi girgijen da ke sama, sannan ka sauke ido kan ciyawar da ke ƙasa. Zane ɗaya ne. Na sama an ba shi fari, na ƙasa an ba shi kore, an kuma datse masa gindi. Miliyoyin yara sun wuce ta gaban wannan girgije ba su lura ba, kuma dama abin da masu gem ɗin ke so ke nan. Rashin wurin ajiya ne ya kai su ga wannan dabara. Gem ɗin gaba ɗayansa, da zanensa da kiɗansa da matakansa 32, cikin kilobayit 40 aka cusa shi, alhali hoto ɗaya da za ka ɗauka da wayarka yau ya ninka haka sau da yawa.

Na'urar da aka yi shi dominta ita ce Famicom, ta kamfanin Nintendo da ke birnin Kyoto na Japan, kamfanin da ya fara da sayar da karta tun 1889. Ta fito ranar 15 ga Yuli, 1983, 'yar ƙarama mai launin ja da fari, kuma injiniya Masayuki Uemura ne ya jagoranci ƙera ta. A 1985 aka sauya mata riga, ta koma akwati mai ruwan toka, aka kai ta Amurka da sunan NES. Rigar da bakin kaset ne kawai suka bambanta, cikin kusan ɗaya ne: ƙwaƙwalwa daga dangin 6502 mai gudun megahaz 1.79, da ma'ajiyar aiki ta kilobayit 2 kacal. Wannan ciki bai sauya ba tun daga ranar farko har zuwa 2003 da aka daina ƙera ta a Japan. Duk bambancin da ke tsakanin Mario na farko da na uku, kuma bambancin ba kaɗan ba ne, daga cikin kaset ya fito.

Mu fara da yadda take zana hoto. Fuskar talabijin a wurinta ɗigo 256 ne a kwance, 240 a tsaye, kuma ba ta da wurin da za ta ajiye wannan hoto sukutum. Abin da take yi shi ne ta yanka shi ƙananan murabba'ai, kowane ɗigo takwas a kwance takwas a tsaye. Kaset ɗin Mario na farko yana ɗauke da irin waɗannan guda 512, rabi na bango da ƙasa da sama, rabi na abubuwa masu motsi. Aikin ya yi kama da na mai ɗinkin hula, wanda zane biyu ko uku yake maimaitawa a kewayen hular, sai ya sauya launin zare ka ga kamar sabon abu. Bulo ɗaya aka zana, shi ne ke fitowa ja a sarari, shuɗi a ƙarƙashin ƙasa. Luigi, ɗan'uwan Mario, shi ma Mario ne aka sauya wa launin kaya.

Abubuwa masu motsi suna da tasu dokar. Na'urar tana iya nuna 'yan guntayen hoto 64 a lokaci ɗaya, amma takwas kawai a layi ɗaya na kwance. Faɗin Mario guntu biyu ne, na kunkuru ma biyu. Ke nan da zarar halittu sun wuce huɗu a jere a tsayi ɗaya, sai wata ta ɓace. Masu tsara gem sukan kauce wa wannan ta hanyar sauya wadda za a ɓoye a kowane ƙiftawa, shi ya sa kake ganin abokan gaba suna walƙiya idan sun yi yawa. Yara da yawa sun ɗauka talabijin ce ta lalace. Kowane guntu kuma launi uku kawai yake ɗauka, kuma kamannin Mario kansa daga irin wannan ƙunci suka fito tun a gem ɗin Donkey Kong na 1981. Shigeru Miyamoto, wanda ya ƙirƙire shi, ya sa masa hula don kada ya sha wahalar zana gashi, ya sa masa gashin baki don hanci ya fito, ya sa masa wando mai igiya a kafaɗa don a riƙa ganin hannayensa suna motsi idan yana gudu. Shi kuwa ɗan gajeren abokin gaba mai ruwan ƙasa da ake kira Goomba, hoto ɗaya gare shi. Juya shi ake yi dama da hagu, sai ya zama kamar yana takawa.

Matakan ma ba a ajiye su a matsayin taswira ba. Jerin umarni ne gajeru: a nan sa bututu mai tsayi kaza, a nan jera bulo biyar, a nan bar rami. Na'urar tana karantawa tana ginawa a gefen dama kafin ka iso, tana share abin da ka bari a baya, kuma wannan ne dalilin da ya sa ba ka iya komawa hagu. Duk da wannan tsimi sai da wuri ya ƙare, aka maimaita wasu matakai da ƙarin abokan gaba: 5-3, wato mataki na uku a duniya ta biyar, shi ne 1-3, 6-4 shi ne 1-4, 7-2 shi ne 2-2. Kiɗan da Koji Kondo ya tsara ma da muryoyi 'yan kaɗan na'urar ke rera shi, kuma su ne dai ke fitar da ƙarar tsalle da ta kwabo. In ka kasa kunne za ka ji wata murya ta ɗan ɗauke daga kiɗan duk lokacin da ka tsinci kwabo.

To, da wannan ɗan abin hannu me Miyamoto da Takashi Tezuka suka yi? Sun zuba ƙarfinsu a kan abu ɗaya, wato tsalle. Gem ɗin ya fito a Japan ranar 13 ga Satumba, 1985, da maɓalli biyu da maɓallin hanya. A na tsalle, B na gudu da harbi. Amma tsallen ba iri ɗaya ba ne. Idan ka taɓa A ka saki, Mario zai ɗan ɗaga ne kawai, idan ka danne ka riƙe zai yi sama. Idan da gudu ka zo, zai fi nisa ya kuma fi tsawo. Yana cikin iska ma kana iya karkata shi gaba ko ka ja shi baya. Kuma yana da nauyi: ba ya tsayawa cak idan ka saki maɓalli, sai ya ɗan zame. Babban kuskuren sabon shiga shi ne tsoron B. Yana tafiya a hankali yana ganin haka ya fi lafiya, sai ya zo bakin babban rami ya kasa tsallakewa. Gwanaye suna ɗora tsakiyar babban yatsa a kan B ba sa ɗagawa, su riƙa latsa A da gaɓarsa. Mai gudu ma ba ya buƙatar tsalle a kan rami mai faɗin bulo ɗaya, ta kai yake wucewa.

Mataki na 1-1 ya cancanci a tsaya a kansa, domin shi ne littafin koyarwar gem ɗin, kuma babu kalma ko ɗaya a ciki. An ajiye Mario a gefen hagu yana fuskantar dama, gabansa fili, don ka san inda za ka nufa. Sai ga akwati mai alamar tambaya yana ƙyalli a sama, sai ga Goomba yana tahowa. In ka tsaya ya taɓa ka ka mutu, ba ka yi asarar komai ba, daƙiƙa kaɗan ne da farawa. A karo na biyu za ka yi tsalle, kuma a ƙoƙarin tsallen da wuya kanka bai bugi akwati ba. Daga akwati na biyu laimar kwaɗi ke fitowa. Nan ne wayon yake. Laimar tana kama da abokin gaban da ya kashe ka yanzu, don haka za ka so ka guje mata. Sai ta gangara dama, ta faɗo, ta bugi bututu, ta juyo kanka, kai kuma kana ƙarƙashin jerin bulo da zai tare maka kai idan ka yi tsalle. Da wuya ka kuɓuce mata. Tana taɓa ka sai ka ga ka girma, daga nan ka gane wannan abokiya ce.

Haka darasin yake ci gaba. Bututun da ke biye suna ƙara tsawo, har sai ka gano cewa riƙe A yake sa a yi sama. Can kusa da ƙarshe akwai matakala biyu masu fuskantar juna da ƙasa a tsakaninsu, in ka faɗa sai ka fito. Gaba kaɗan sai ga irinsu kuma, amma wannan karon rami ne a tsakiya. An ba ka wurin gwaji kafin a yi maka jarrabawa. A ganina wannan shi ne abin da ya sa yaron da bai san Turanci ko Japananci ba, a Zinder yake ko a Zariya, ya iya gem ɗin cikin yamma ɗaya ba tare da kowa ya karanta masa takarda ba.

Tsarin sauran mai sauƙi ne. Duniya takwas, kowace da mataki huɗu, na huɗun fadar Bowser ce, babban abokin gaba. Kwabo 100 rai ɗaya ne. Laimar kwaɗi tana ƙara girma, fure yana ba da harbin wuta, tauraro yana sa kada komai ya taɓa ka na ɗan lokaci, ban da rami. Agogon da ke sama ya fi daƙiƙa sauri, 400 ɗin da yake farawa da ita a 1-1 ba ta kai minti uku ba, kuma idan ta sauko 100 kiɗa zai ƙara wuta. Tsiro mai haƙora da ke cikin wasu bututu ba ya fitowa muddin kana tsaye a kai ko kana manne da gefensa. Bowser kuma ba lallai sai ka harbe shi ba: ka wuce ta sama ko ta ƙasansa ka taɓa gatarin da ke bayansa, gada ta karye da shi. In kuwa da wuta ka kashe shi a fada bakwai na farko, za ka ga ashe ba shi ba ne, wani yaronsa ne ya yi shigarsa. Fadar 4-4 da 7-4 da 8-4 suna da ruɗani, idan ka bi hanyar da ba ita ba wurin zai yi ta maimaituwa har lokaci ya ƙare.

Sirrika kuma su ne abin da yara ke sayar wa juna da alewa. A 1-1, bayan bututu na huɗu kafin ramin farko, akwai akwatin da ba a gani mai ɗauke da rai. A 1-2, idan ka hau ɗagaggen katakon nan mai hawa da sauka ka dira a kan rufin, ka yi gudu ta saman bututun fita, za ka tarar da bututu uku da ke kai ka duniya ta 2 ko 3 ko 4. A 4-2 akwai kurangar da ke ɓoye cikin bulo, wadda ke kai wa ga duniya ta 6 da 7 da 8. A matakalar ƙarshen 3-1 ana iya danne kunkuru a gefen mataki a yi ta tsalle a kansa ana tara rai. Wanda ya fi duka amfani kuwa, kuma mutane da yawa sun girma ba su sani ba: idan rayukanka sun ƙare ka koma shafin farko, ka riƙe A ka danna Start, za ka ci gaba daga farkon duniyar da ka mutu a ciki. An sayar da gem ɗin sama da miliyan 40, kodayake da yawa tare da na'urar aka haɗa su.

Labarin na biyu yana da ɗan rikici, domin gem biyu ne ke amsa sunan Super Mario Bros. 2. Na Japan ya fito a 1986 a kan faifai, ta wata na'ura da ake haɗa wa Famicom a ƙasa. Zanensa kusan na farkon ne, sai dai mugunta. Akwai laimar kwaɗi mai guba, akwai iska mai ture ka kana tsakiyar tsalle, akwai bututun sirri da ke mayar da kai baya bayan ka sha wahalar nemo shi. An yi shi ne don waɗanda suka cinye na farko suna neman abin da zai ƙure su. Reshen Nintendo na Amurka ya ga wahalar ta yi yawa ya ƙi ɗauka, sai a 1993 'yan waje suka gan shi da sunan The Lost Levels a kan na'ura ta gaba.

Abin da aka ba Amurka a 1988 wani gem ne daban, Doki Doki Panic, wanda Nintendo ya yi a 1987 don wani biki na gidan talabijin ɗin Fuji. Taurarinsa iyali ne mutum huɗu masu shigar Larabawa, sai aka cire su aka sa 'yan gidan Mario a gurbinsu: Mario da Luigi da Toad da Gimbiya. Shi ya sa kake ganin darduma mai tashi da tuluna da hamada, abubuwan da babu su a na farko. Dokar wasan ma ta juye. Tsalle a kan abokin gaba ba ya kashe shi, tsayawa kawai za ka yi a kansa yana tafiya da kai. Sai ka danna B ka ɗauke shi ka jefi wani da shi, ko ka tuge kayan lambu daga ƙasa ka yi jifa. Babu agogo. Luigi ya fi kowa tsalle, Toad ya fi kowa saurin tuge abu, Gimbiya tana iya shawagi a iska na ɗan lokaci, kuma ita zan ba sabon shiga shawarar ya ɗauka. Idan ka tuge kwalbar magani, kada ka yar da ita nan take, ka kai ta inda ciyayi suka fi yawa, domin ƙofar da za ta buɗe tana mayar da su kwabbai. Wasu suna raina wannan gem wai ba Mario na asali ba ne. Ni ban ga abin raini ba. Mutanen Nintendo ɗin ne dai suka yi shi, kuma halittu da dama da suka zauna daram a gidan Mario daga nan suka fito.

Super Mario Bros. 3 ya fito a Japan ranar 23 ga Oktoba, 1988, ya isa Amurka a farkon 1990. Wanda ya gan shi kusa da na farko zai rantse ba na'ura ɗaya ba ce. Kaset ɗin ne ya zama kilobayit 384, kusan ninki goma, kuma a cikinsa akwai wani ƙaramin cif mai suna MMC3. Ƙwaƙwalwar Famicom ba ta iya ganin fiye da kilobayit 32 na umarni a lokaci ɗaya. Aikin wannan cif shi ne ya riƙa janye wani yanki yana tura wani a gurbinsa, cikin sauri, ita kuwa na'urar ba ta san an sauya ba. Haka yake yi wa zane ma, don haka kowace duniya ta samu kamanninta. Yana kuma ƙirga layukan da talabijin ke zanawa, ya sanar idan an zo wani layi, abin da ya ba da damar ƙasan allo ya tsaya cak da lissafin rai da kwabbai yayin da saman ke tafiya dama da hagu, sama da ƙasa. An ƙara wa kaset ɗin ma'ajiyar aiki tasa, inda ake shimfiɗa matakin gaba ɗaya, shi ya sa yanzu kana iya komawa baya.

Da wannan yalwa aka ba Mario taswira da yake yawo a kai, da jakar ajiye kaya, da ganye. Ganyen yana fito masa da kunnuwa da wutsiya. In ka yi gudu har ma'aunin da ke ƙasa ya cika ka ji yana ƙara, sai ka yi ta latsa A, Mario ya tashi sama. Wannan ya sauya yadda ake kallon mataki, domin duk doguwar shimfiɗa da ka gani babu cikas, alama ce akwai wani abu a sararin samaniya. Akwai rigar kwaɗo ta iyo, da rigar masu guduma, da rigar tanuki, wata dabbar dajin Japan, wadda ke mayar da shi gunkin dutse abokan gaba su wuce. Akwai kuma wani koren takalmi da ake shiga ciki a yi ta tsalle a kan ƙaya, wanda a mataki ɗaya tak yake, 5-3. Mutanen da a 1985 suke maimaita girgije ya zama ciyawa, ga su yanzu suna zana abu don mataki ɗaya su bar shi.

Abin da kaset ɗin ba shi da shi shi ne batirin ajiye inda ka tsaya. Duniya takwas ne masu tsawo, da hamada mai rana da ke sauko wa mutum, da ƙasar ƙatti, da ta ƙanƙara, da jiragen sama na 'ya'yan Bowser bakwai, kuma idan aka kashe na'ura ko aka ɗauke wuta, sai daga farko. Maganin da aka tanada shi ne sarewa uku da aka ɓoye. Ta farko tana 1-3: ka hau farin dandamalin da ke kusa da ƙarshe, ka durƙusa na 'yan daƙiƙu har ka faɗa bayan zanen, ka yi gudu zuwa dama. Ta biyu tana ƙaramar fadar duniya ta 1, inda za ka tashi da wutsiya ka bi ta saman rufi. Busa ɗaya daga duniya ta 1 yana ba ka zaɓin 2 ko 3 ko 4, in kuma ka busa ta biyu kana wurin zaɓin, kai tsaye sai duniya ta 8. Sai dai wanda ya je can ba tare da ya tara kaya da rayuka ba, tankokin yaƙin da ke bakin ƙofa za su koro shi.

A garuruwanmu, mafi yawan waɗanda suka buga Mario ba su taɓa riƙe Famicom ta asali ba. Kwaikwayonta ne da ake ƙerawa a Taiwan da Sin, masu zuwa da hannu biyu da 'yar bindigar harbin agwagi da kaset rawaya da aka rubuta wa 9999999 in 1. Gem 'yan kaɗan ne a ciki, ake ta maimaita su da sabon suna, wani ya fara da kai daga wata duniya, wani ya sauya launi. Abin da aka bayyana a sama shi ne dalilin da ya sa Mario na farko ba ya rasa shiga irin wannan kaset, na uku kuwa ba kasafai ba: na farko ƙarami ne ba ya buƙatar cif na musamman, na uku zai cinye wurin gem kusan goma. Hura iska a bakin kaset da kowa ke yi idan hoto ya dagule ma ba ita ke gyara shi ba. Cirewa da mayarwa ne ke sa haƙoran ƙarfen su zauna daidai, danshin baki kuwa tsatsa yake jawo musu. Auduga da ɗan sifirit sun fi.

Akwai kuma batun sauri. A wancan zamani talabijin ɗin Japan da Amurka suna sabunta hoto sau 60 a daƙiƙa, namu da na Turai sau 50. Gem ɗin kuma da wannan bugun yake ƙirga komai, tafiya da tsalle da kiɗa. Kwaikwayon da aka yi don irin talabijin ɗinmu suna ɗauke da gem ɗin Japan yadda yake, ba a gyara shi ba, don haka yana tafiya da ragin kashi ɗaya cikin shida. Wanda ya ƙware a kan irin wannan na'ura yana yaro, yau ya kunna gem ɗin a waya ko kwamfuta ya ga kiɗan yana sauri kuma yana ta faɗawa ramin da a da yake tsallakewa ido rufe, kada ya ɗora wa shekaru laifin duka.